Yawon Birni da ƙafa: sana'ar jagora a Damagaram da rabon mutanen Damargu a cikinta

Ranar Talata 3 ga watan Satumba 2024, bayan ruwan sama kamar da bakin ƙwarya, tsohon masallacin unguwar Birni a Damagaram ya rushe. Gini ne na ƙasa da aka ɗaga wajen 1850, farkon zamanin Sarki Tanimun, kuma in ban da masallacin Agadas babu wanda baƙi suka fi zuwa kallo a ƙasar Nijar kamarsa. Hotunan tarin ƙasar da ya bari sun zaga wayoyin jama'a har Tanut da Belbeji, kowa na salati. Amma da za a tambayi fataken Damargu da ke gangarawa Kasuwar Dole ran Alhamis, ko ma'aikatan da ke zuwa taro a ofisoshin jiha, mutum nawa ne a cikinsu suka taɓa tsayawa a gaban masallacin tun yana tsaye, da amsar ta ba da kunya. Mutum ya sauka tasha, ya sari haja, ya kwana gidan maigidansa, ya juya arewa, alhali tsakanin kasuwa da Birni tafiyar ƙafa ce kawai.

Akwai wata ƙaramar sana'a da ta daɗe tana rayuwa a gindin waɗannan gine-gine, ita ce sana'ar jagora. Baƙo shi kaɗai, ko shi da iyalinsa, ko wasu abokai ƙalilan, sukan ɗauki ɗan gari guda, a yi ciniki tun kafin a ɗaga ƙafa, shi kuwa ya shige gaba awa biyu ko uku yana nuni yana bayani. Da ƙafa ake yin ta don lungunan Birni ba a yanka su domin mota ba. Wani lungun ma jaki da mangala sai ya kakkarce. Yawanci daga ƙofar fada ake somawa, inda dogarai ke zaune da manyan riguna ja da kore. A nan jagora ke fara nuna amfaninsa, gama shi ne ya san wanda za a gaisar da fari, da inda ake tuɓe takalmi, da zauren da baƙo zai tsaya har a yi masa iso.

Daga fada sai a kutsa cikin unguwa. Abin da ya ɗaukaka sunan Birni shi ne fuskokin gidajenta: zane na tudu da magina ke fitarwa da hannu a jikin bango tun ƙasa na ɗanye, dagi da takobi da wata da tauraro, a wasu gidajen a bi shi da launi, sa'an nan zankwaye a tsaye bisa kusurwoyin soro. Wanda ke tafe shi kaɗai zai ce ado ne kawai ya wuce. Jagora na gari kuwa zai tsai da shi ya nuna masa tubalin da aka mulmula da hannu, da azarar giginya da gara ba ta cika ci ba, da makubar da ake haɗawa da ɓawon ɗorawa don ruwa ya zame daga bango. Zai gaya masa cewa girman zaure da yawan zane su ne shaidar arzikin mai gida a wancan zamani, kamar yadda bene da mota suke a yau. Daga nan a biya ta gidan da ake nunawa a matsayin masaukin Heinrich Barth, Bajamushen da mutanen ƙasar nan suka sani da Abdulkarim, wanda ya zauna garin daga ƙarshen Disamba 1852 zuwa ƙarshen Janairu 1853 kafin ya nufi Katsina da Sakkwato da Tambutu. A ga manyan duwatsun da gari ya kewaye, a ga ɗan abin da ya saura na garun da Tanimun ya ƙarfafa, sarkin da ya sa aka ƙera igwa a cikin garinsa kuma ya yi mulki har 1884. Mai sauran ƙarfi a gwiwa sai ya ƙarasa Zango, unguwar fatake, inda sunan Malam Yaro, babban attajirin da ya yi hulɗa da Tarabulus, bai ɓace ba har yanzu.

Ba kowane mai shiga gaban baƙo ne jagora ba. Wani ya haddace sunaye huɗu da shekaru biyu, yana rero su kamar karatun allo, idonsa na kan aljihun baƙo. Na ƙwarai ana gane shi idan aka zo kan labarin Kyaftin Cazemajou, wanda aka kashe a Damagaram a watan Mayu 1898 tare da tafintansa. Littattafan Faransa na dā sun kira abin yaudara. A wajen fadar Sarki Amadu Kuran Daga kuwa, baƙon yana kan hanyarsa ta zuwa wurin Rabe ne, mutumin da ya riga ya cinye Barno, kuma ba sarkin da zai zuba ido a ƙulla irin wannan abota a bayan gidansa. Shekara guda bayan haka aka yi yaƙin Tirmini, sojan Faransa suka shiga gari, suka kafa barikinsu bisa duwatsu da sunan mamacin. Jagoran da ya iya kawo ɓangarorin biyu, ya bi da baƙo har 1906 da aka tuɓe Sarki Amadu Ɗan Basa aka kai shi Kodebuwa, har 1926 da aka ɗauke babban birnin mulkin mallaka aka mayar Yamai, wannan ya ci kuɗinsa da halal. Kuma ilimin ba ɓoyayye ba ne: marigayi André Salifou, wanda jami'ar garin ke ɗauke da sunansa, ya wallafa tarihin Damagaram na ƙarni na 19 tun 1971.

Sai dai sana'ar ta yi kuskuren da ɗan kasuwa ya san illarsa, wato dogara ga mai saye guda. A shekarun 1980 Turawa masu ƙetaro Sahara daga Tamanrasat sukan biyo ta Arlit da Agadas, su ratsa Tanut, su kwana Damagaram kafin su wuce Kano, wasunsu su sayar da tsofaffin Peugeot ɗinsu a hanya. Tawayen farkon shekarun 1990 da rikicin Aljeriya suka datse wannan hanya. Bayan yarjejeniyar sulhu ta 24 ga Afrilu 1995 kasuwa ta ɗan farfaɗo, musamman a Agadas. Tawayen 2007 ya sake kwantar da ita, sace ma'aikatan kamfanonin Faransa a Arlit a Satumba 2010 ya ƙarasa abin da ya rage, tun kafin a zo ga juyin mulkin Yuli 2023. Mai sana'ar da ya shekara bai ga ciniki ba dole ya nemi na abinci wani wuri, kuma idan ya tafi, da abin da ke cikin kansa yake tafiya.

A nan ne labarin wani gari mai nisa ke da amfani. Kiyoto, a ƙasar Japan, ita ce mazaunin sarakunansu fiye da shekara dubu, daga 794 zuwa 1868, kuma a 1994 hukumar UNESCO ta sa wurare 17 na garin da kewayensa, galibi ɗakunan ibada, cikin kayan tarihin duniya. Can ma ana ɗaukar jagora a bi tsofaffin unguwanni da ƙafa. Tun 1949 doka ta ce mai yi wa baƙon waje jagora da lada sai ya ci jarrabawar gwamnati, ba a sassauta ta ba sai a 2018. Matsalarsu kishiyar ta Damagaram ce: baƙi sun yi yawa har mutanen unguwar Giyon suka hana shiga wasu lungunansu a 2024, saboda masu ɗaukar hoto ba sallama. Abin lura shi ne, akasarin masu ziyartar Kiyoto ƴan ƙasar ne da kansu, ciki har da ƴan makaranta da malamansu ke kawowa ayari-ayari kowace shekara. Shi ya sa da annobar korona ta rufe iyakokin Japan daga 2020 zuwa 2022, garin ya ji jiki amma ƙafa ba ta ɗauke ƙaf ba.

Baƙon da Birni ke bukata ke nan, kuma mafi kusa da shi yana Damargu. Mutumin Tanut ko na Belbeji da ya shiga Zango ba tarihin wasu yake kallo ba. Geron Damargu ne ya ciyar da Abzin, kuma ta ƙasar Damargu ayarin Kel Owey ke sauka da gishirin Bilma, su koma da hatsi da turkuɗin Kano. Gashin jimina da fatun da Malam Yaro da ire-irensa ke aikawa Tarabulus ta nan suke hawa arewa. A cikin irin wannan ayari na gishiri ne Barth da abokan tafiyarsa biyu, Richardson da Overweg, suka iso Tagelel a Damargu cikin Janairu 1851, a nan kuma suka rabu: Richardson ya yi Damagaram, ya mutu cikin Maris a kan hanyar Kukawa, Barth ya yi Tasawa da Kano. Gidan da ake nuna wa baƙi a Birni, ashe farkon labarinsa yana arewa. Ita kanta jagora tsohuwar sana'ar wannan ƙasa ce. Ayari ba ya tashi sai da madugu, ba ya tafiya sai da jagaba a gaba wanda ya san rijiya ya san zango, kuma ba a taɓa jin falke ya ce ladan jagaba asara ba ne.

Belbeji ta zama gunduma mai cin gashin kanta a 2011, bayan shekaru tana ƙarƙashin Tanut, a shekarar da aka buɗe matatar man SORAZ a kan hanyar Damagaram. Sabuwar gunduma na da perefe, da sufeton makarantu, da hukumar garin Tarka, wato tana da waɗanda za su iya shirya abu. Kai ƴan ajin ƙarshe na lakwal su kwana ɗaya a Damagaram, a ɗaukar musu jagora, su ga fada da gidan adana kayan tarihi na jiha, bai kai tsadar tarurrukan da ake yi ana watsewa ba. Ɗan kasuwar da ya gama cinikin Alhamis, in ya ƙara kwana ɗaya, safiyar Juma'a ta ishe shi yawon Birni. Su kuma hukumomin Damagaram, nasu aikin shi ne su rubuta sunayen masu jagora, su gwada saninsu, su tsai da farashin da ɗan ƙasa zai iya biya, don kada a riƙa faɗa wa malamin makaranta kuɗin da ake faɗa wa Nasara.

Akwai kuma batun inda kuɗin ke zuwa. Gidajen da ake tsayawa kallo na mutane ne, da mata da yara a ciki, kuma mai gida ne ke ɗaukar nauyin yaɓe shi kaɗai, jagora ya karɓi lada a ƙofarsa ya wuce. Mai gidan da ya gaji sai ya shafe bango da siminti, ya ɗora kwano. Siminti kuwa ba ya zama lafiya da ƙasa: yana tsare danshi a ciki, bango ya riƙa ruɓewa ta baya, wata rana ya ɓanɓare da zanen gaba ɗaya. Tun 2006 Nijar ta sa Birni da fadar Damagaram a jerin wuraren da take nema wa shaidar UNESCO. Agadas ta samu tata a 2013, bikin Zinder Sabuwa na Disamba 2018 ya kawo tituna da gine-ginen zamani, amma ginin ƙasa gyaran kowace shekara yake so. Idan aka ware wani kaso na ladan jagora domin masu gidaje da magina, to kowane baƙo daga Damargu ya sa hannu a yaɓen bana. Lokacin yawon shi ne sanyi, daga Nuwamba zuwa Fabrairu. Lokacin yaɓe kuwa bazara, kafin hadarin farko ya haɗo daga gabas.