Ruwan sha a sararin samaniya: da gaske fitsari suke sha?

Lokacin da 'yan sama jannatin nan biyu na Amurka, Butch Wilmore da Sunita Williams, suka maƙale a tashar sararin samaniya ta ƙasa da ƙasa, surutai iri biyu suka cika wayoyin jama'a. Wasu suka ce iskar shaƙarsu ta kusa ƙarewa, saura kwanaki su shiɗe. Wasu kuma suka ce wahala ta kai su ga shan fitsarinsu. Sun tashi ne ranar 5 ga Yuni, 2024 a kumbon Starliner na kamfanin Boeing da niyyar yin kamar mako guda, sai kumbon ya samu matsala, ba su dawo ba sai ranar 18 ga Maris, 2025, bayan kwana 286.

Maganar iska ba ta da wuyar warwarewa. Tun Nuwamban 2000 tashar ba ta taɓa zama babu mutum a ciki ba, kuma ba da tulin tukwanen iska kaɗai ake rayuwa ba. A can ake samar da oksijin: ana sa wa ruwa wutar lantarki daga faifan hasken rana, ya rabu gida biyu, oksijin da haidirojin. Ɓangaren Rasha na da na'urarsa mai suna Elektron, na Amurka ma na da tasa, ga kuma ajiya don ɓacin rana. Abin da ya fi hana injiniyoyi barci ma shi ne iskar kabon da mutum ke fitarwa, wajen kilo guda a rana. Inda abubuwa ba su da nauyi, iska mai ɗumi ba ta tashi sama, don haka numfashin mai barci zai iya taruwa a fuskarsa in ba fanka ke kaɗawa ba. A 1970, wannan iskar ce ta kusa halaka mutum uku na kumbon Apollo 13, sai da suka haɗa matata da leda da kwali da salatif.

Maganar fitsarin ce ke ci mini tuwo a ƙwarya, saboda yadda ake yaɗa ta da tofar da yawu, kamar wani abin kunya ne da aka tona. Ba asiri ba ne, kuma ba wahala ce ta jawo shi ba. Tun 2009 ake shan ruwan da aka tace daga fitsari a tashar, bisa tsari.

Duk wadda ta taɓa ɗaga murfin tukunyar miya ta ga ɗigon ruwan da ke taruwa a jikinsa. Gishiri da daddawa suna ƙasa, abin da ya hau murfi ruwa ne. Haka injin tace fitsarin tashar ke aiki. Yana rage matsin iska don ruwan ya zama tururi ba tare da zafi mai yawa ba, yana kuma juyawa da sauri, domin a can tururi ba ya rabuwa da ruwa da kansa. Abin da aka samu sai a haɗa shi da danshin da aka tsotse daga iskar ɗaki, wato gumi da numfashin mutane, a tura su na'ura ta biyu. Nan za a bi da shi ta matatai, a ƙone ragowar datti da zafi da sinadari, sannan na'urar awo ta duba. Idan bai kai ba, a mayar da shi baya a sake. Wanda ya tsallake ne ake sa wa aidin don kada ƙwayoyin cuta su samu wurin zama. A Yunin 2023 hukumar NASA ta sanar cewa ta kai ga dawo da kashi 98 cikin 100 na ruwan, bayan ƙara wata na'ura da ke matse ragowar ruwan da ke cikin kaurin da injin farko ya bari. Kafin nan kashi 93 zuwa 94 ake samu.

Aikin bai zo da sauƙi ba. A 2009 injin ya toshe, da aka bincika sai aka gano ƙasusuwan 'yan sama jannati na zubar da sinadarin kalsiyam saboda rashin ɗaukar nauyi, yana fita ta fitsari, yana daskarewa a cikin injin. Sai da aka sauya sinadarin da ake zuba wa fitsarin kafin a dafa shi. Kuma ana dab da tashin Wilmore da Williams famfon injin ya lalace, aka sauke akwatunan tufafinsu daga kumbon don a samu wurin saka sabon famfo. Wanda ya san darajar injin nan ba zai yi mamakin wannan zaɓi ba.

Na san abin da ke zuciyar mai karatu Musulmi: najasa. Tambaya ce mai kyau, kuma malamai sun daɗe da duba irinta. A 1978 Majalisar Manyan Malaman Saudiyya ta yi fatawa cewa ruwan ƙazanta da aka tace har launinsa da ɗanɗanonsa da warinsa suka koma na asali ya tsarkaka, muddin ba ya cutarwa. Birnin Windhoek na Namibiya kuwa tun 1968 yake mayar da ruwan masai ruwan famfo.

Shi ya sa ƙyamar ke ba ni takaici. Mutumin da ke yatsina fuska kan ruwan da ake aunawa dare da rana, wataƙila rijiyar gidansa taku kaɗan ne tsakaninta da shaddar maƙwabci, kuma babu jami'in da ya taɓa zuwa ya ɗebi kofi guda ya gwada. Duk damina amai da gudawa na kwashe mana yara ta wannan hanya. Ruwa ba a tambayar inda ya fito kaɗai, ana tambayar abin da ya rage a cikinsa, kuma awo ne kawai ke ba da amsa.

Inda aiki ya rage wa masanan shi ne ɓangaren iska. A 2010 an kai na'urar Sabatier, mai haɗa iskar kabon da haidirojin ta fitar da ruwa da iskar mitan. Har zuwa lokacin da aka cire ta a 2017, mitan ɗin zubar da shi aka riƙa yi waje, yana tafiya da haidirojin da ake buƙata, don haka oksijin da ta ƙwato daga numfashi bai wuce rabi ba. A tashar da ke da nisan kilomita 400 kacal, kumbon kaya na cike giɓin. Masu niyyar zuwa duniyar Mars, tafiyar da za ta ci shekara biyu zuwa uku, ba su da wanda zai bi su da guzuri, kuma har yanzu ba a gama gina injin da zai toshe musu wannan ɓarakar ba.