Littattafan Marcien Towa a Kan Falsafa da Feɗe Waƙa

Duk mahaifin da ke da ɗa a ajin ƙarshe na sakandare a Meiganga, ko Ngaundare, ko Garwa, da wuya bai taɓa ganin wani siririn littafi na Faransanci a hannun yaron ba, gefensa duk ya sha jan biro saboda jarrabawar bakaloriya. Kuma dattawa da yawa sukan yi ɗari-ɗari da shi da zarar sun ji an ce falsafa ce, alhali malamai sun ce ba a hukunta abu sai an san haƙiƙarsa.

Mawallafinsa shi ne Marcien Towa, mutumin tsakiyar Kamaru, wanda aka haifa a 1931, ya yi karatu a Faransa, ya karantar a Jami'ar Yawunde, ya mutu a 2014. A shekarar 1971 ya fitar da littattafai biyu a maɗaba'ar CLE, ɗaya a kan matsalar falsafa a Afirka ta yau, wato wanda ake gani a hannun yaran, ɗaya kuma a kan Senghor, mawaƙin nan shugaban Sanigal na wancan lokaci, waɗanda in aka lura da kyau tushensu ɗaya ne.

A na farko ya yi raddi ga masu bin sawun Tempels, limamin Kirista ɗan Beljiyam, waɗanda suke tattara al'adu da karin magana da camfe-camfen kakanni su raɗa musu suna falsafa. Shi a wurinsa gado ba ya zama hikima sai an ɗora shi a kan mizanin hankali, an riƙe mai amfani, an yar da marar amfani, sa'an nan an nemi sirrin da ya ba Turawa rinjaye, wato kimiyya da fasaha. A na biyu ya feɗe waƙoƙin Senghor, bai bari zaƙin lafazi ya rufe masa ido ba, ya nuna cewa mawaƙin da ya bar wa Bature hankali, ya keɓe wa baƙar fata shauƙi da kiɗa, ya yi wa mutanensa kirarin da zai dawwamar da su a ƙarƙashin wani. Saboda haka ya fifita wani mawaƙin, Césaire, wanda waƙarsa take zaburar da wanda aka zalunta.

Lalle Towa ya kai hankali matsayin da Musulmi ba zai bi shi can ba, domin mu wahayi ne ke gaba. Amma auna hujja ba baƙon abu ba ne a zaurukanmu, inda ake karanta Sullamu na Ahadari a fannin manɗiƙi, kuma Abdulƙadir ɗan Tafa, jikan Shehu Usmanu, ya yi talifi a kan hikima tun ƙarni na 19. Don haka abin da ya fi dacewa da uba shi ne ya sa ɗansa ya fassara masa babi guda, su tattauna, sa'an nan ya haɗa shi da malamin da ya san manɗiƙi.