Wata 12 a aji: wa zai tsaya wa malamin makarantar kuɗi shaida?

A watan Satumban 2025 Ma'aikatar Ilimi ta Tarayya ta sanar da cewa daga 2027, duk makarantar sakandaren da malamanta ba su da rajista da hukumar rajistar malamai ta TRCN ba za ta ƙara zama cibiyar jarrabawar WAEC ko NECO ba. Hankalin mutane ya tafi kan wannan barazana. Abin da ya fi tsaya mini a rai shi ne ƙofar da aka buɗe a cikin sanarwar: wanda ya yi digiri a fannin da ba na koyarwa ba, in ya yi aƙalla wata 12 yana riƙe da aji, zai iya yin gajeren kwas na wata uku zuwa shida ta hannun Cibiyar Horar da Malamai ta Ƙasa, NTI, ya cancanci rajista. An yi daidai da aka yarda cewa zaman aji yana koya wa mutum aiki. Sai dai an bar tambayar da komai ya rataya a kanta: wa zai tabbatar da waɗannan watanni?

Mun san su wa za su yi tururuwa zuwa wannan ƙofa. Matasa ne da suka karanta kimiyyar harhaɗa sinadarai ko tattalin arziki, suka gama bautar ƙasa, aikin ofis ya gagara, suka shiga makarantar kuɗi da ke bayan layinsu da niyyar "kafin Allah Ya kawo wani abu". Da yawansu albashinsu bai kai naira 70,000 da aka tsayar a 2024 a matsayin mafi ƙaranci ba, kuma a wasu makarantun in an yi hutu, albashi ma ya tafi hutu. Ba su manta da 2020 ba, lokacin da korona ta rufe makarantu wata da watanni: malamin gwamnati yana karɓar nasa, su kuwa ko sisi. Ga dokar 2022 da ta ba malamin gwamnati damar yin aiki har ya kai shekara 65 ko ya cika shekara 40 a bakin aiki, ga fansho. Wanda ya auna waɗannan ba zai nemi lasisin TRCN don ya dawwama a makarantar kuɗi ba. Yana nemansa ne don ranar da hukumar ilimin bai-ɗaya ta SUBEB ko hukumar malaman sakandare ta jiharsa za ta fara ɗaukar ma'aikata.

A nan gizo ke saƙa. A manyan makarantun Abuja ko unguwar Nasarawa a Kano akwai takardar ɗauka aiki, akwai albashi ta banki. Amma a ƙananan makarantun da suka fi yawa, ana ɗaukar malami ne da baki. Ƙarshen wata a kira shi ofis a miƙa masa kuɗi a hannu, ko mai makaranta ya tura masa daga asusun kansa. Shaidar zamansa a wurin ba ta wuce littafin sa hannu na safe da ke kan teburin hedimasta ba, shi ma in ya cika sai a jefa shi sito. Wasu makarantun ko rajista da ma'aikatar ilimi ta jiha ba su da ita. Saboda haka hujja ɗaya ta rage, wasiƙar mai makaranta, kuma wannan ba wa kura ajiyar nama ne. Mai makaranta yana buƙatar malamai masu lasisi kafin 2027, don haka ba zai yi masa wuya ya rubuta wa ƙanin matarsa da bai taɓa riƙe alli ba cewa ya shekara uku yana koyarwa. Kuma ya san haziƙin malamin lissafin da ya riƙe masa makaranta zai gudu da zarar lasisi ya shiga hannunsa, don haka shi sai a yi ta ce masa ya dawo gobe. Wanda ya cancanta zai sha wahalar samun takardar, ɗan gida ya same ta a zaune.

Jihar Kaduna ta riga ta nuna mana iyakar takarda. A 2017 malaman firamare 21,780 ba su kai makin da aka sa ba a gwajin da aka yi musu da tambayoyin 'yan aji huɗu. An yi ta jayayya kan yadda aka gudanar da gwajin, amma ba wanda ya ce dukansu ba su da takardun shaida. In takardar kwaleji ba ta tabbatar da iya aiki ba, ina ga wasiƙar da mutum ɗaya ya buga wa hatimi a ofishinsa?

Malaman kwalejojin ilimi suna ƙorafin cewa ɗalibin NCE yana shekara uku, mai PGDE yana kwashe kusan shekara, sannan a ce wani ya zo ya kamo su cikin wata uku. Suna da ɗan abin faɗa: mutum na iya shekara goma yana koyarwa da bulala da hadda, bai taɓa sanin yadda ake gano yaron da karatu ya tsere wa ba. To amma ɗalibinsu da ake turawa gwajin koyarwa na 'yan watanni, mai duba shi ya leƙo sau ɗaya ko biyu, ban ga yadda ya fi wanda ya kai aji uku a jere zauren WAEC sanin aji ba.

Abin da zai raba gardama shi ne jami'an duba makarantu su shiga aji ba sanarwa, su zauna a baya, su ga darasi daga farko zuwa ƙarshe, su buɗe littafin tsara darasi, su ɗauki littattafan yara biyar su ga ko ana gyara musu aiki da jan biro tun farkon zango. Wannan yana cin mai da alawus, shi ya sa ake gudunsa. Masu makarantu kuwa suna nasu lissafin: a zamanin minista Adamu Adamu an ba malaman da ba su da rajista wa'adin 31 ga Disamban 2019 su bar aji, ranar ta zo ta wuce, aka koma makaranta a Janairu da malaman da aka rufe da su.