Romon Ƙwaurin Sa Irin Na Mutanen Meksiko

A ƙasar Meksiko, wadda ta ke kudu da Amurka, akwai wani abinci da su ke kira kaldo de res, watau romon naman shanu. A kasuwanninsu a kan ga manyan tukwane suna tafasa tun da hantsi, ma'aikata suna zaune bisa benci kowa da kwanonsa, a gidaje kuwa shi a kan dafa idan iyali sun taru. Mai karatu zai ce ai farfesu ke nan, mene ne sabo? To, ba farfesu ba ne, ko da ya ke dangi ne. Farfesunmu nama ne da yaji. Wannan kuwa nama ne da kayan lambu iri biyar ko shida a cikin romo garau, har ka kan hangi gindin kwano, kuma shi kaɗai ya ishi magidanci kalaci.

Tukunyar nan tana da tarihi. Kafin zuwan Turawan Sipaniya babu saniya ko ɗaya a Meksiko. Abin kiwonsu talotalo ne da kare. Kotes ya sauka ƙasar cikin 1519, ya ci babban birnin Aztek cikin 1521, sa'an nan aka shiga kawo shanu daga ƙetare. Baƙin sun zo da irin dahuwarsu ta nama da kabeji a ruwa, wadda su ke kira kosido. 'Yan ƙasa kuwa suka zuba nasu kayan a ciki: masara, wadda kakanninsu suka fara nomawa kimanin shekara 9,000 da suka wuce, da kabewa, da tumatir, da barkono. Mu ma masarar da mu ke gasawa da damina da barkonon da ba mu iya miya sai da shi, asalinsu daga wannan nahiya ne. Kosidon Sipaniya a kan sa masa naman alade, amma na Meksiko galibi naman sa ne zalla, saboda haka babu abin da zai hana Musulmi yinsa.

Farkon magana wajen mahauci ne. Kada a sayi tsoka zalla, ko da kuwa albashi ya shigo jiya. Ƙwauri a ke nema, da ƙashinsa da ɓargonsa, a sa a sassara shi kauri kamar yatsa biyu. Kilo ɗaya da rabi ya ishi mutum 6. Dalili kuwa shi ne ƙwauri cike ya ke da jijiya, ita kuwa jijiya idan ta daɗe cikin ruwan zafi sai ta narke, ta ba romo danƙo da nauyi a baki. Shi ya sa romon kirki ya kan daskare in ya kwana cikin sanyi. Tsoka ba ta da wannan. In ta daɗe a wuta sai ta bushe ta zama kamar igiya.

A wanke nama, a sa a tukunya da ruwan sanyi kamar lita 4, da rabin albasa, da tafarnuwa ƙwaya huɗu, da gishiri kaɗan. Da ya fara tafasa wata kumfa mai toka-toka za ta taso, sai a kwashe ta da ludayi, a yi ta kwashewa har ta daina. Sa'an nan a janye itace, a bar garwashi, tukunya ta riƙa motsi a hankali har sa'a biyu ko fiye. Wuta mai ƙarfi ba ta gaggauta nunar ƙwauri, sai dai ta dama kitse da ruwa romo ya yi duhu. Mutanen birnin Meksiko sun fi mu shan jira, gama birninsu yana bisa tudu fiye da mita 2,200, inda ruwa ya ke tafasa tun zafinsa bai kai na bakin teku ba, saboda haka da yawansu sun koma ga tukunyar nan mai murfi a ɗaure wadda ta ke riƙe tururi.

Inda a ke faɗuwa shi ne wajen kayan lambu, ni ma a nan na faɗi. Ran da muka fara gwadawa a gidana, na yi baƙi, na ga rana tana yi, na sa aka zuba kome gaba ɗaya. Kafin masara ta nuna kabeji ya narke, dankali ya watse, abin ya koma fate. Baƙin sun ci don kunya. Ƙa'idar ita ce mai tauri shi ke riga shiga. Idan nama ya kusa sakin ƙashi, a fara da ɗanyar masara guda 3, a yanka kowace gida uku da totuwarta. Bayan minti 10 a sa karas da dankalin Turawa. Bayan wani minti 10 a sa ɗanyar kabewa ƙarama. Kabeji shi ne na ƙarshe, a tsaga shi gida shida ba tare da an cire gindinsa ba don kada ya warwatse, minti 10 ya ishe shi. Dukansu manya-manya a ke yankawa, yadda mai ci zai gane kowane abu da idonsa. Mutanen can suna ƙara wani ɗan itace kore mai kamar gwanda ƙarama, sunansa cayote. In babu shi romo ba ya raguwa da kome. Waɗansu kuma su kan jefa reshen na'ana'a dab da saukewa, ni kuwa ina tare da su.

Yaji fa? A nan ne al'adarsu ta saɓa da tamu ƙwarai. Ba su cika tukunya da barkono. Sai a jera ƙananan kwanoni a gaban masu ci: lemun tsami a yanke, da yankakkiyar albasa, da ɗanyen barkono, da wani ganye mai ƙanshi da su ke kira silantiro. Kowa ya gyara kwanonsa yadda ya ke so, yaro da tsoho da mai ciwon ciki duk su ci tukunya ɗaya. Lemun tsamin nan kada a raina shi, shi ke yanke maiƙo. Akwai wani iri a tsakiyar ƙasar, mole de oya, wanda a ke niƙa busasshen barkono a ciki har romo ya yi ja. Wanda bai iya haƙuri da farin romo ba sai ya bi wannan.

Su kan ci shi da shinkafar da aka dafa da tumatir, a zuba cokali biyu cikin romon, da kuma totiya, wata fallen waina ta masara da a ke gasawa ba mai. Ɓargon kuwa a kan zuƙo shi daga ƙashi, a shafa bisa totiya mai zafi, a barbaɗa gishiri. A wurinmu gurasa ta kan tsaya a madadinta. Sai dai a sa mahauci ya sara ƙashin ya yi daidai da yawan masu ci, gama a gidana rigimar da ta tashi karo na biyu a kan ɓargo ne, yara huɗu, ƙashi uku.