Waziri Junaidu na Sakkwato: Mawaƙin da Tarihi Ya Rufe wa Suna

Idan aka ambaci Alhaji Junaidu, Wazirin Sakkwato, abin da yakan fara zo wa manazarta a rai shi ne masanin tarihin Daular Usmaniyya. Wannan shuhura ta sa an yi sakaci da ɗaya ɓangaren rayuwarsa, watau waƙa. Manufar wannan maƙala ita ce ta nuna cewa Waziri mawaƙi ne tun asali, kuma mai nazarin rubutacciyar waƙar Hausa yana da buƙatar saninsa, duk da yake mafi yawan waƙoƙinsa da Larabci ya tsara su.

An haifi Junaidu a unguwar Giɗaɗawa cikin birnin Sakkwato a 1906. Mahaifinsa shi ne Waziri Muhammadu Buhari, wanda ke kan gadon wazirci lokacin da Turawa suka ci Sakkwato a 1903, ya kuma rasu a 1910, ya bar Junaidu yana ƙaramin yaro. Gidan ya samo sunansa daga Waziri Giɗaɗo ɗan Laima, mijin Nana Asma'u, saboda haka Junaidu tattaɓa-kunnensu ne. A zaure ya yi karatunsa, a gaban malaman birnin irin su Malam Abubakar Bube, inda ya ƙware a nahawu da lugga da aruli, watau ilmin awon waƙa. Ya koyar a Makarantar Midil ta Sakkwato, sa'an nan ya shugabanci makarantar horar da alƙalai, kafin Sarkin Musulmi Abubakar III ya naɗa shi Waziri a 1948 bayan rasuwar wansa, Waziri Abbas. Ya riƙe wannan sarauta har Allah ya karɓi ransa a watan Janairu na 1997.

Wanda ya tashi maraya a gidan da ya ga faɗuwar daula da idonsa, ba abin mamaki ba ne jigon waƙoƙinsa ya karkata ga begen abin da ya shuɗe. Ya yi marsiyyoyi ga malamai da 'yan'uwa, ya yi yabon Manzo da na Shehu Usmanu da sahabbansa. Har ila yau ya ari tsohuwar al'adar mawaƙan Larabawa ta tsayawa a kan kufai ana kukan waɗanda suka ƙaura, ya ɗora ta a kan ƙasarsa da magabatansa. Ke nan abin da ya tattara a zube cikin littattafan tarihinsa, irin su Tarihin Fulani da aka buga a Zariya a shekarun 1950, shi ne ya yi wa kuka a cikin baitoci.

To, ina ruwan ɗalibin Hausa da waƙar Larabci? Amsar tana cikin tarihin Sakkwato kanta. Tun ƙarni na 19 waƙa a wannan birni da harsuna uku take tafiya: Larabci domin malamai, Fillanci da Hausa domin sauran jama'a. Waƙar Tabbat Haƙiƙa ta isa misali, domin Shehu ya tsara ta da Fillanci, Nana Asma'u ta mayar da ita Hausa, Isa ɗan Shehu ya yi mata tahamisi. Bugu da ƙari, M. K. M. Galadanci ya nuna a 1975 cewa karuruwan rubutacciyar waƙar Hausa suna da tushe a arulin Larabci. Waziri Junaidu, wanda ya naƙalci harsunan nan uku har ya rubuta littafi kan nahawun Fillanci, magajin wannan tsari ne, ya kuma kawo shi har ƙarshen ƙarni na 20. A taskar littattafansa ne Murray Last ya sami madogara ga littafinsa na 1967, a nan kuma Jean Boyd ta sami rubuce-rubucen Nana Asma'u.

A 1971, ranar da Jami'ar Ahmadu Bello ta ba shi digirin girmamawa, Waziri ya ja hankalin malaman jami'a cewa ilmin da bai kafu a kan al'adun jama'arsa ba baƙo ne a cikinsu. Wannan gargaɗi ya shafi shi kansa mai yin sa, domin tsarin jami'o'inmu ya raba gadonsa uku: Sashen Larabci ya ɗauki waƙoƙin, Sashen Tarihi ya ɗauki littattafan, Sashen Hausa kuwa ya tashi da ɗan abin da ya rage. Aikin da ke jiran ɗaliban babban digiri, musamman na Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo, shi ne su fassara diwaninsa zuwa Hausa tare da sharhi, su kwatanta karinsa da jigoginsa da na mawaƙan Hausa na zamaninsa, kamar Sa'adu Zungur da Aƙilu Aliyu. Sai an yi haka za a iya rubuta tarihin waƙa a Sakkwato ba tare da giɓi ba.