Shakka da Tsoro: Matsalar Fassara Labarin "Le Horla" na Maupassant zuwa Hausa

Duk wanda ya yi lakwal a Nijar ya san sunan Guy de Maupassant (1850-1893), ko da ta hanyar ƴan guntayen rubuce-rubucensa da ake sakawa cikin littattafan karatu. Abin da ba mu cika tsayawa a kansa ba shi ne ɓangaren aikinsa da ya shafi ban tsoro, watau irin labaran da Faransawa ke kira fantastique. A wannan ƴar maƙala muna son mu duba abin da ke faruwa in aka yi niyyar mayar da mafi shahara daga cikinsu, Le Horla, zuwa Hausa. Mai sauraron da muka sa a gaba shi ne mutumin Sarkin Hausa, cikin gundumar Mayahi, inda muka tashi, ko na wani ƙauye na ƙasar Tasawa.

Labarin ya fito sau biyu. A 1886, cikin jaridar Gil Blas, wani majinyaci ne ke ba likitoci labarinsa a gidan masu taɓin hankali. A 1887 marubucin ya sake shi gaba ɗaya, ya mai da shi littafin ajiyar sirri na kullum, daga 8 ga Mayu zuwa 10 ga Satumba. Wani mai hali ne ke zaune a bakin kogin Seine kusa da birnin Rouen. Wata rana ya ɗaga wa wani jirgin ruwa na Barazil hannu, daga nan lafiya ta ƙaurace masa. Cikin barci yana jin an hau ƙirjinsa ana shaƙe shi. Ruwa da madarar da ya aje da dare, in gari ya waye sai ya tarar babu. Wata rana ya tsaya gaban madubi bai ga kansa ba. Daga ƙarshe ya kulle abin cikin ɗaki, a zatonsa, ya cinna wa gidan wuta, ya mance barorinsa na ciki.

Tzvetan Todorov, cikin littafinsa na 1970 kan wannan nau'in adabi, ya nuna cewa ginshiƙinsa shakka ce. Mai karatu yana tsaye tsakanin bayani biyu: ko dai mutumin ya zautu, ko kuwa da gaske akwai wata halitta. In labari ya yanke hukunci ya ce hauka ce ko mafarki, ya faɗa rukunin da Todorov ya kira étrange. In ya ce aljani ne kuma kowa ya yarda, ya faɗa merveilleux. Haka abin yake cikin La Vénus d'Ille na Prosper Mérimée (1837), inda ango ya saka zoben aure a yatsan wani mutum-mutumin tagulla, washegarin biki aka tarar da shi matacce, ba a kuma tabbatar da wanda ya kashe shi ba.

Adabinmu ya san rukuni na biyu sarai. Tatsuniya tun daga "ga ta nan ga ta nanku" ta sanar da cewa ba za a tambayi Dodo takardar shaida ba. Ganɗoki na Bello Kagara (1934) ya shiga ƙasar aljannu ba tare da ya tsaya tunanin ko idonsa ne ke yaudararsa ba. Shakkar da muke nema sai a wani wuri dabam ake samunta, cikin labarin da ake bayarwa a dandali bayan isha, na wane da ya dawo daga kasuwar Mayahi da dare ya gamu da wani abu a gindin tsamiya. A can ne mai fassara ya kamata ya kasa kunne.

Matsala ta farko ita ce suna. Kalmar Horla Maupassant ne ya ƙirƙiro ta, galibin masu sharhi kuma suna jin hors da là a cikinta, watau abin da ke waje amma kuma yana nan. Tsoron mai ba da labarin ya samo asali ne daga rashin gurbin da zai aje wannan abu. Mu kuwa gurabe sun yi mana yawa. Abin da ke hawan ƙirjin mai barci sunansa dannau. Wanda ke tsotse ran mutum har ya rame maye ne, ya kama kurwa. Wanda ba a gani amma yana ɗaukar kaya, iska ne ko aljani, ko mu sakaya mu ce mutanen ɓoye. Guy Nicolas (1975) da Jacqueline Monfouga-Nicolas (1972), waɗanda suka yi bincike a yankin Maraɗi, sun nuna yadda iskokin bori ke da sunaye da dangantaka da halaye, kowane da abin da yake so a yanka masa. To, da zarar mai fassara ya rubuta "aljani", tambayar mai sauraro ta sauya. Ba zai ce "akwai shi kuwa?" ba, zai ce "wanne ne daga ciki, kuma me aka yi masa?" Sannan zai yi mamakin wannan attajiri da ya tafi Paris yawon shan iska alhali ga malamin rubutu, ga boka, ga girka.

A ce mun bar sunan yadda yake. Nan ma nahawu ya tare mu. A Faransanci le Horla namiji ne. A Hausa mafi yawan sunayen da suka ƙare da wasalin -a mata ne, kuma kunnen Bahaushe zai kai shi ga cewa "Horla ta zo". Mace, ba a ganinta, tana shigowa da dare, tana shan madara: duk ɗan ƙasar Maraɗi zai tuna da Doguwa, wadda wasu ke kira Inna, ake kuma danganta ta da Filani da nono. Wasali guda ya isa ya ba baƙon Maupassant dangi a cikinmu. Dole mai fassara ya dage da "ya" da "shi" tun daga farko, ko da ya ɗan yi wa kunne nauyi.

Matsala ta biyu, wadda ta fi jan hankalinmu a matsayinmu na masu nazarin harshe, ita ce ƙananan kalmomin da ke nuna matsayin mai magana game da abin da yake faɗi. Todorov ya lura cewa shakka tana zaune cikin nahawu, ya ambaci dabaru biyu: kalmomin sassauta magana, da kuma lokacin aikatau na imparfait, wanda ba ya faɗin ko abin ya ƙare ko yana nan. Mu dubi waɗannan jimloli da muka ƙirƙira:

(1) Wai ƙofar ta buɗe da kanta.
(2) Ashe ƙofar da kanta ta buɗe!
(3) Sai na ga kamar ƙofar ta motsa.

A (1) mai magana ya janye jikinsa. "Wai" ta jita-jita ce, kuma ita ce muke sakawa in muna ba da labarin mafarki: na yi mafarki wai ina tafiya bisa ruwa. A bakin mai rubuta abin da ya gani da idonsa, tana tura labarin wajen mafarki ko ruɗu. A (2) akasin haka ne: "ashe" gano gaskiya ce bayan rashin sani, ta rufe muhawara, aljanin ya tabbata. Jimla ta (3) kaɗai ta bar ƙofofin biyu a buɗe. Sai dai "kamar" ba ta jure maimaici, in ta yi yawa labarin ya zama na mai ƙarancin gani. Akwai ƴan'uwanta da za a riƙa sauyawa da su: sai ka ce, ina jin, ko dai, anya.

Game da imparfait, Hausa ba ta da takwaransa kai tsaye, domin tsarin aikataunmu ya fi kula da yanayin aiki bisa ga lokacinsa. Ɗalibanmu sukan gaggauta saka "dā": dā ina jin motsinsa. Wannan kuskure ne, don "dā" tana nuna cewa yanzu an daina, mutumin ya warke yana tuna baya. "Ina jin motsinsa", ba tare da komai ba, ta fi dacewa, tunda sigar ci-gaba ba ta ɗaure da jiya ko yau.

Inda Hausa ta fi Faransanci kayan aiki shi ne lamirin da ba ya nuna kowa. Maupassant yakan yi amfani da on a wuraren da mai labarin ya kasa cewa "ni" ya kuma kasa cewa "shi". Namu "an" ya yi wannan aiki har ya zarce:

(4) An sha ruwan.

Wa ya sha? Mai yiwuwa shi kansa ne cikin tafiyar barci, kamar yadda ya fara zato. Amma "an" ɗin nan ita ce ta "an jefe shi" da "an taɓa shi", wadda muke fakewa da ita in ba mu son kama sunan mai aikin. Jimlar tana ɗauke da bayanin likita da na boka a lokaci guda, ba ta zaɓi ko ɗaya ba. Kalmar iska ma haka take, tana nufin wadda ke kaɗa ganye da wadda ke hawan mutum. A cikin labarin akwai inda wani malamin coci a Mont Saint-Michel ya kawo misalin iska, mai kada itatuwa amma ba a ganinta, don ya nuna cewa rashin gani ba hujja ba ce. A Faransanci kwatance ne kawai. A Hausa, ko mai fassara bai so ba, maganar ta zama harshen damo.

Kada a ɗauka wannan wasan masana ne kurum. Zaɓin da Todorov ya ɗora wa mai karatu, a garuruwanmu iyali ne ke yinsa a kan ɗan'uwansu da ya daina barci yana magana shi kaɗai: a kai shi asibiti a Maraɗi, ko a kira masu goge, ko a nemo malam. Sau da yawa ana yin duka ukun, bi da bi, kuma kalmar da aka fara furtawa, "taɓin hankali" ko "bugun iska", ita ke tsara inda za a fara da abin da za a kashe. Maupassant kansa ya nemi hallaka kansa a Janairun 1892, ya rasu a asibitin Dokta Blanche a Passy a 1893, sanadiyyar ciwon tunjere da ya taɓa masa ƙwaƙwalwa. Saboda haka wasu masu sharhi suke karanta Le Horla tamkar takardar likita. Fassarar da ta bi su za ta cika da "wai", ta mai da mai labarin abin tausayi. Wadda ta bi kunnen ƙauye za ta cika da "ashe". Mu dai a gwajin da muke yi da ɗalibai mun tsaya kan "an" da "kamar", mun bar sunan Horla namiji, amma har yanzu muna gardama kan shafin madubi: in muka rubuta cewa bai ga kurwarsa ba, mun riga mun kira maye.