Kek a Tukunyar Yashi

Yau madafi za mu shiga. Uwargida, ki matso da rediyonki kusa, amarya ma ki kawo kunne, kai maigida kada ka tashi, domin da kuɗin cefanenka za a yi aikin.

A hunturun da ya wuce na je Mahuta, ta ƙaramar hukumar Kafur, ziyarar 'yan'uwa. Kaka ta yi, buhunan masara jibge a zaure, mata na ta sussuka da shiƙa. Ina shiga wani gida sai ƙamshi ya tare ni tun daga soro, irin ƙamshin nan na gidan biki. Na duba tsakar gida ban ga obin ba, wutar lantarki ma babu ita a ranar. Abin da na gani tsohuwar tukunyar ƙarfe ce a kan murhu, an zuba mata yashi kamar tsayin yatsu uku, an rufe da faifan ƙarfe, an ɗora garwashi kaɗan a kan murfin. Matar gidan ta sa tsumma ta ɗaga murfin a hankali don kada toka ta zuba. Gwangwanayen madara guda takwas ne jere a kan yashin, kowanne kek ya taso ya yi tozo, samansa ya tsage kaɗan, ya yi ja kamar bayan gurasa. Ta soka tsinken tsintsiya mai tsabta a tsakiyar ɗaya, ta zaro, ta duba shi a hasken rana, babu abin da ya manne. Ta sauke.

Muna cikin ci 'yarta ta miƙo mini waya, ta nuna mini hoton irin wannan kek ɗin na ƙasar waje, an barbaza masa wasu jajayen 'ya'yan itace a ciki, tana tambaya a ina za a samo su. Wannan tambayar ce ta haifi shirinmu na yau.

Sunan ɗan itacen ceri. Ƙarami ne, bai kai goro ba, ja wur, da ƙwallo ɗaya a ciki. Akwai mai zaƙi, akwai mai tsami, kuma mai tsamin ne masu gashi suka fi so. Ƙasar Turkiyya ce ta fi kowa noma shi a duniya, a Amurka kuwa jihar Mishigan ta yi suna da mai tsamin. Bishiyarsa ba ta yin fure yadda ya kamata sai ta sha sanyi mai tsanani na makonni masu yawa, sanyin da hunturunmu bai kai shi ba ko a Funtuwa da ake kuka da sanyinta. Wanda ake gani a manyan kantuna na Kano da Kaduna cikin 'yar roba, an jiƙa shi ne da sukari, galibi an ƙara masa launi, ga kuma tsada. A kudancin ƙasar nan agwaluma ma ceri suke ce mata, amma bishiyar daban ce, danginsu ma ba ɗaya ba ne.

To me ceri yake yi a cikin kek? Abu biyu ne: ɗan tsami da ke karya zaƙi, da jan launi da ke jan ido. Duka biyun muna da su a cikin zoɓo. Zoɓon nan da ake nomawa a Jigawa da Kano da Katsina, ake loda shi a jirgin ruwa zuwa ƙasar Meziko, mu kuma mu dafa, mu tace, mu zubar da dusarsa a bola. Uwargida, daga yau kada ki zubar. Bayan kin tace ruwan, ki tsince ɓawon masu kauri, ki wanke su sosai saboda ƙasa, ki mayar a wuta da sukari da ruwa kaɗan, su dahu har su yi laushi su yi sheƙi. Ki bar su su huce, ki yayyanka ƙanana. Na ɗanɗana kek da aka yi da wannan, kuma ina gaya miki ban ga abin da ceri zai nuna masa ba. Idan babu zoɓo, dabino yana yi, ayabar da ta nuna ta fara baƙi tana yi, haka ma mangwaro idan lokacinsa ya zo, sai dai a rage ruwan haɗin saboda shi ma ruwa gare shi.

Yanzu mu zo kan abin da ya sa ake kiran irin wannan gashi burodin gaggawa. Mu Hausawa ba baƙin alkama ba ne. Alkubus, fankasau, gurasar Kano da ake mannawa a jikin tanderu, duk mun san su tun kaka da kakanni. Amma duk waɗannan sai an kwaɓa an sa yis ko tsohon ƙullu, an rufe an ajiye a wuri mai ɗumi, an jira ya tashi. Yis abu ne mai rai, yana cin sukarin da ke cikin kwaɓi yana fitar da iska, kuma ba a yi masa gaggawa. Da sanyi ma sai ya yi nawa. Shi kuwa burodin gaggawa, da ƙananansa da ake gasawa a gwangwani, waɗanda Turawa ke kira mofin, bekin foda ake sa musu. Wani masanin haɗa magunguna na birnin Bamingam a Ingila, Alfred Bird, shi ya haɗa wannan hoda a shekarar 1843, saboda matarsa yis ba ya karɓarta. A cikin hodar akwai sinadari mai halin kanwa, akwai mai tsami, an haɗa su a bushe da ɗan sitaci don kada su taɓa juna. Da zarar ruwa ya shiga sai su haɗu su fitar da iska, zafin wuta ya ƙara kumbura ta, kek ya tashi. Duk macen da ta taɓa zuba ruwan kanwa a ƙullun masa mai tsami ta ga ya yi kumfa, ta riga ta ga wannan aikin da idonta.

Ga ma'aunin, ki riƙe shi da kofi ɗaya daga farko har ƙarshe. Fulawa kofi 2. Sukari rabin kofi, mai son zaƙi ta ɗan ƙara. Bekin foda ƙaramin cokali 2, a shafe bakinsa, kada a yi masa tozo. Gishiri ɗan kaɗan. Waɗannan busassu ki tankaɗe su tare a kwano guda. A wani kwanon ki fasa ƙwai 2, ki zuba madara kofi 1, da man gyaɗa sulusin kofi, wanda aka soya da albasa ba zai yi ba, ki nemi wanda ba shi da ƙarfin ƙamshi. Ki kaɗa su su haɗu. Zoɓon da kika yanka, kamar kofi 1, ki barbaɗa masa fulawa cokali ɗaya ki juya, wannan ne zai hana shi nutsewa ya taru a gindin gwangwani.

Nan ne wurin da na fi so ki saurara da kyau, domin nan mafi yawan kek ke lalacewa. Hannunmu ya saba da buga ƙullu. Fanke sai an buga, alkubus sai an buga har hannu ya gaji, shi ya sa yake yin danƙo. To wannan haɗin ba ya son bugu ko kaɗan. A cikin fulawar alkama akwai abin da ke yin danƙo idan ya sha ruwa aka yi ta juya shi. A burodi ana neman wannan danƙon, a kek kuwa shi ne ke mayar da shi tauri kamar roba, ki yanka ki ga ramuka dogaye a ciki. Saboda haka idan kin juye ruwan a kan busassun, ki sa muciya ko cokali ki juya daga ƙasa zuwa sama sau goma zuwa goma sha biyar, da zarar farin gari ya ɓace ki tsaya. Za ki ga gudaji, zuciyarki za ta ce ki murje su. Ki ƙyale su, wuta za ta narkar da su. Sannan ki zuba zoɓon ki juya sau biyu.

Kuma kada haɗin ya zauna jiran wuta. Ki riga ki ɗora tukunyar yashinki tun kafin ki fasa ƙwai, ta yi minti 10 zuwa 15 tana ɗaukar zafi a rufe. Yashin ya zama na rafi, wankakke, busasshe sarai, domin mai damshi turara kek zai yi maimakon gashi. Gwangwanayen su zama na abinci, na madara ko na tumatir irin waɗanda ake alala da su, babu tsatsa, an daddanne bakinsu don kada su yanki yaro. Ki shafe su da mai, ki zuba haɗin ya tsaya kashi biyu cikin uku, ki bar masa wurin tashi. Wutar ƙasa ta zama ta garwashi mai kwanciya, harshen wuta ƙona gindi yake yi ya bar tsakiya ɗanye. Minti 20 na farko kada ki buɗe, ko da ƙamshi ya cika gida, saboda iskar sanyi na shiga zai faɗa. Wajen minti 25 zuwa 30 ki gwada da tsinke. Mai obin ta sa shi a digiri 180, ƙanana minti 20 zuwa 25, babba guda ɗaya a doguwar tasa kusan awa ɗaya.

Wani abu game da zoɓo: ba ya shiri da kanwa. Idan ta taɓa shi jan launinsa yakan juye ya yi duhu, ya koma shuɗi-shuɗi. Don haka kada ki ce za ki ƙara kanwa don kek ya fi tashi, za ki ɓata launi, ki kuma ji ɗaci a harshe. Idan kina shakkar hodarki ta tsufa a kanti, ki zuba rabin cokali a ruwan zafi. In ta yi kumfa nan take tana da rai, in ta kwanta shiru ki sayo wata.

Na san wata za ta ce fulawa ta yi tsada, kuma gaskiyarta. Mafi yawan alkamar da ake niƙawa a Najeriya daga waje ake shigo da ita, shi ya sa da yaƙin Rasha da Yukren ya ɓarke a 2022 muka ji shi a kuɗin burodi har ƙauyukanmu. Manya kuma ba su manta 1987 ba, lokacin da gwamnatin Babangida ta hana shigo da alkama. Amma ke da kike zaune a ƙasar Funtuwa da Malumfashi, inda masara take a rumbu, kina da sauƙi. Ki cire kashi ɗaya cikin uku na fulawar ki maye shi da garin masara mai laushi, wanda aka surfa aka niƙa aka tankaɗe da rariya mai ƙananan ido. Kek ɗin zai ɗan yi gari-gari a baki, da ƙamshin masara, kuma a Amurka irin wannan burodin masarar abinci ne da ake ji da shi. Kada dai ki wuce rabi, in ba haka ba zai riƙa wargajewa. A madadin farin sukari kuma, mazarƙwailar da ake yi da raken Ɗanja da kewaye, idan aka narkar da ita a madarar, tana ba shi launin ƙasa-ƙasa da ɗanɗano mai daɗi.

Idan kin sauke ki bar su minti 5, ki zagaya bakin gwangwani da wuƙa, ki kife. Kada ki ƙulle su a leda da zafinsu, gumi za su yi su lalace. Da yake ba a sa musu maganin hana lalacewa ba, kwana biyu zuwa uku ne iyakarsu, da zafi ma ba su kai haka ba.

Masu sauraro, lokaci ya yi halinsa. Uwargida, wannan Juma'ar idan kin dafa zoɓo ki ajiye ɓawon, ki fara da rabin ma'aunin da na bayar, gwangwani huɗu ko biyar, har ki gane halin wutar murhunki. Maigida kuma a taimaka da ƙwai biyu da mudun fulawa.